Na yi bidiyon shawarma an aiko min takardar lauya, Barista ya zan yi?

Assalamu alaikum Barista, barka da aiki. Ni matashi ne a nan Kano, shekara uku kenan ina sana'ar ɗanɗana abinci a TikTok da Instagram, in sayi shawarma ko boga ko kaza da dankali in zauna cikin mota in kafa waya in ci in ba da maki cikin goma. Da gurasa da tsire na fara, yanzu alhamdulillah har masu shago ke kirana talla, da shi nake rufa wa kaina asiri. Sati biyu da suka wuce na sayi shawarma a wani sabon waje ba ta yi min ba, na ba ta 2 cikin 10, na ce biredin ya bushe mayonis ya yi yawa. Da dare cikina ya ɓaci, washegari na ƙara wani bidiyon na ce namansu ruɓaɓɓe ne, ba mamaki ma mushe suke sayowa. Bidiyon ya yi yawo sosai. Yanzu lauyansu ya aiko min takarda wai cikin kwana 7 in goge, in ba da haƙuri, in biya miliyan 20, mai wajen kuma yana cewa zai sa a kama ni. Ni dai da kuɗina na saya, doka ta ba ni 'yancin magana, kuma na ji an gyara dokar intanet ba a kama mutum a kan irin wannan. Abokaina sun ce in ɗora takardar jama'a su gani. Af, watan jiya na taɓa yi musu magana ko suna son talla na faɗa musu farashina ba su amsa ba, amma wannan daban.

Wa alaikumus salam ƙanena, Allah ya sa wa sana'a albarka. Ban ga bidiyon ba, ban ga takardar ba, don haka duk abin da zan faɗa a kan labarinka kaɗai na gina shi, kuma a aikin nan mun saba labari yakan sauya kama in ɗaya ɓangaren ya buɗe baki. Ka ɗauke shi a matsayin haske kafin ka zauna da lauya ido da ido.

Bari in fara da abin da kake ganin shi ne garkuwarka, wato da kuɗinka ka saya. Kuɗin shawarma ya sai maka shawarma, ya kuma ba ka haƙƙin mai saye, in abin da aka ba ka ba shi da kyau ka mayar ko ka kai ƙorafi, dokar kare masu sayen kaya ta 2018 wadda hukumar FCCPC ke aiki da ita ta tanadi wannan, jihar Kano ma tana da tata hukumar. Amma bai sai maka lasisin faɗin duk abin da ya zo bakinka a kan mai shagon ba. Haka shi ma sashe na 39 na tsarin mulkin 1999 da kowa ya haddace, gaskiya ne ya ba ka 'yancin faɗin albarkacin bakinka, sai dai mutane ba sa ƙarasa karatun su kai sashe na 45, inda aka ce ana iya taƙaita wannan 'yancin da doka don kare haƙƙin wasu. Mutuncin mutum da sunan kasuwancinsa suna cikin abin da ake karewa, kuma kamfani ma yana iya ƙarar ɓata suna in maganar ta taɓa cinikinsa.

Ni a ganina bidiyonka na farko ba shi da wata matsala, in dai yadda ka faɗa haka yake. Biredi ya bushe, mayonis ya yi yawa, 2 cikin 10, wannan ra'ayi ne a kan abin da ka sa a bakinka, kuma doka ta san da kariya ga mai sharhi na gaskiya a kan abin da ya shafi jama'a, wanda ya buɗe shago yana sai da abinci ai ya gayyato yabo da suka da kansa. Da wannan kaɗai ka yi, da na ce lauyan nasu ya ɓata takardarsa.

Na biyun ne ya ɗaure ka. "Namansu ruɓaɓɓe ne" da "mushe suke sayowa" ba ɗanɗano ba ne, zargi ne na wani abu da ko dai ya faru ko bai faru ba, kuma a garin nan ka ce mutum yana ciyar da musulmi mushe ba ƙaramar magana ba ce, ta wuce ciniki ta taɓa addininsa da na gidansu. A ƙarar neman diyya in suka nuna kai ka yi maganar, su kake nufi, kuma mutane sun gani, toh nauyin tabbatar da cewa gaskiya ce yana dawowa kanka ne, ba su za su kawo shaidar namansu na halal ba ne, kai za ka kawo shaidar mushe. Kana da ita? Ka ga inda suke sayo naman? Akwai ma'aikacinsu da zai tsaya gaban alƙali ya maimaita? Ka je asibiti a daren an yi gwaji an rubuta? Ko da ka je ɗin, likita zai iya rubuta cewa cikinka ya ɓaci, da wuya ya rubuta cewa shawarmar wane ce ta ɓata shi, musamman mutum irinka da sana'arsa ita ce cin abinci wuri uku huɗu a yini. Lauyan da ya san aikinsa tambayar da zai fara yi maka kenan, me ka ci da safe, me ka ci da rana, kuma amsar tana nan a shafinka kowa na gani.

Kar kuma ka dogara da "ba mamaki" ɗin da ka sa a gaba. Da yawanku kuna zaton in an ce "wai" ko "an ce" ko "a ra'ayina" shikenan an wanke magana. Kotu ba kalma ɗaya take ɗauka ba, tana duba abin da mai hankali zai fahimta in ya kalli bidiyon gaba ɗaya, har da yadda ka yatsine fuska da rubutun da ka liƙa a kai. Kana iya ja da cewa raha ce ko zafin ciwo, wataƙila a saurare ka, amma ni ba zan so in shiga kotu da wannan kaɗai a hannuna ba.

Sai maganar kamu. Abin da ka ji rabinsa gaskiya ne. Sashe na 24 na dokar laifukan intanet ta 2015 shi ne aka daɗe ana kama mutane da shi saboda ya haɗa har da saƙon da ke ɓata wa wani rai ko cin fuska, kotun ECOWAS ta ce ya saɓa wa 'yancin magana, kuma a watan Fabrairun 2024 aka gyara shi aka taƙaita shi ga batsa da kuma ƙaryar da mutum ya san ƙarya ce ya yaɗa don tada hargitsi ko barazana ga rai. Sharhin shawarma a fahimtata bai kamata ya shiga nan ba. Amma na ce bai kamata ba, ban ce ba a yi ba. Kuma ko an ajiye wannan dokar gefe, mu nan Arewa ɓata suna har yanzu laifi ne a final kod, wato kundin dokokin laifuka (Penal Code), sashe na 391 ya fassara shi, 392 ya sa hukuncin da zai iya kai ɗaurin shekara biyu ko tara ko duka biyun, galibi kuma a haɗa maka da 393 na ƙaryar da ke cutarwa. Mai shagon ba sai ya bi ta caji ofis ba ma, yana iya shigar da ƙorafi kai tsaye gaban majistare a aiko maka sammaci. A final kod ɗin gaskiyar magana kaɗai ba ta isa ba, sai an nuna faɗinta na da amfani ga jama'a, wanda a harkar abinci ba zai yi wuyar nunawa ba in da gaskiyar ta tabbata, mun dawo dai kan shaida.

Ba don in tsorata ka ba, amma ka tuna a watan Satumbar 2023 wata mata a Legas ta rubuta a Facebook cewa wani tumatirin gwangwani na kamfanin Erisco ya cika sukari, aka kama ta aka kai ta Abuja, aka gurfanar da ita da dokar intanet, kamfanin kuma ya nemi diyyar naira biliyan 5. Jama'a da yawa sun tsaya mata, amma masu tsaya matan a gidajensu suke kwana, ita ce ke jeka-ka-dawo a kotu. A nan Kano kuma a 2022 kotun majistare ta yanke wa wasu matasa biyu 'yan TikTok bulala 20 da tara da sharar kotu na wata guda kan ɓata sunan gwamnan lokacin. Ba iri ɗaya ba ne da taka, na sani, na kawo ne don ka daina jin cewa bidiyon waya wasa ne a wurin alƙali.

Yanzu abin da ka bari a ƙarshe da "af", wanda ka ce daban ne. Ba daban ba ne, shi ne ma ya fi damuna a duk wasiƙarka. Ka nemi talla, ka faɗi farashi, an share ka, bayan 'yan makonni ka zo ka ce mushe. Ni na yarda mai yiwuwa ba ka haɗa su a ranka ba, amma saƙon yana nan a wayarsu, kuma kariyar sharhi na gaskiya tana rushewa in aka nuna da ƙullin zuciya aka yi maganar. Lauyansu zai karanta wa kotu saƙon nan a hankali, ya ce ga mutumin da aka hana kuɗi ya rama. In kuma akwai wani wuri da kai ko wani yaronka ya ce a ba da wani abu a sauke bidiyo, toh wannan ya tashi daga ɓata suna ya koma karɓar kuɗi ta hanyar barazana, ka faɗa wa lauyanka tun yanzu kar ya ji a bakin wasu. Wannan ita ce cutar sana'arku gaba ɗaya, mutum ɗaya shi ne alƙalin abinci shi ne kuma ɗan talla, mai kallo bai san wanne ne aka biya ba. Tun 2022 akwai dokar ARCON, hukumar da ke kula da harkar talla, da ta ce talla sai an tantance ta kafin a sake ta, har da ta masu mabiya a intanet, nawa ne cikinku ke bi wannan Allah masani, amma aƙalla in an biya ka ka faɗa a bidiyon.

Su ma dai ban ce sun burge ni ba. Miliyan 20 a kan shagon da bai daɗe da buɗewa ba, wannan lamba ce ta tsoratarwa, kowa na iya rubuta abin da ya ga dama a takardar gargaɗi, kotu ce ke yanke diyya bayan ta duba girman ɓarnar da yadda maganar ta yaɗu da halin da ka nuna bayan an yi maka magana. Kwana 7 ɗin ma wa'adinsu ne ba na kotu ba. Kuma mai sana'ar abinci da ya san ciwon kansa in an ce cikin wani ya ɓaci, kicin ɗinsa ya kamata ya fara leƙawa kafin ofishin lauya. Maganar zai sa a kama ka kuwa, 'yan sanda ba yaran shagonsa ba ne, dokar 'yan sanda ta 2020 ta hana kama mutum kan rigimar da ba ta laifi ba, sai dai kamar yadda na faɗa a nan ana iya sa mata rigar laifi. In an gayyace ka ka je da lauya, kar ka rubuta jawabi kai kaɗai, beli da sauransu abu ne da aka saba kullum.

Shawarar abokanka ta ɗora takardar, a'a. Su ba sunansu a kai. Duk sabon bidiyo sabuwar yaɗawa ce, kuma in mabiyanka suka yi wa shagon ca da zagi, ko wani ya je ya yi musu rashin mutunci, a kanka za a lissafa. Magana zarar bunu ce, wadda ta fita ta fita, kar ka ƙara zaro wata.

Abin da zan yi da ni ne lauyanka, zan sa ka adana komai tukuna, asalin bidiyon biyu, rasit ko alat ɗin kuɗin da ka tura, saƙonnin da kuka yi da su har da na tallan, kar ka goge ko ɗaya don gogewa ba ta ɓoye komai, sun riga sun sauke nasu, sai dai ta sa a ce kana ɓoye shaida. Bayan an adana sai a ɓoye bidiyo na biyu daga idon jama'a, na farkon kuma ina ganin ana iya barinsa, ko a riƙe shi a matsayin abin ciniki a teburin sulhu. Sannan lauya ya amsa takardar kafin wa'adin ya cika, cikin ladabi, ba tare da amsa laifi ba, ya nemi a zauna. Kar ka rubuta ban haƙuri da kanka cikin dare don tsoro, yadda aka jera kalmominsa na iya zama shaida a kanka, a rubuta shi tare a cikin yarjejeniyar da za ta ce magana ta mutu, babu ƙarar diyya, babu ta laifi.

Wurin zaman ba wuya. Babbar kotun jihar Kano tana da sashen sulhu, in an cimma matsaya ana iya sa alƙali ya sa hannu ta zama kamar hukunci. In kuma kuna da wani babba da ku duka kuke jin nauyinsa, a unguwa ko a cikin 'yan kasuwa, sau da yawa ya fi sauri, a dai rubuta a sa hannu da shaidu. A irin waɗannan da na gani abin da mai shago ke so bai wuce a janye kalmar da ta ƙona shi a gaban mutanen da suka ji ta ba, kuɗin yakan narke in an zauna, ko ya tsaya a ɗan abin da ya kashe wa lauya, ban yi maka alkawarin haka za ta kasance ba don ban san mutumin ba. Kana iya janye maganar mushe da ruɓa ka ce ba ka da hujja a kai, ba tare da ka ce shawarmar ta yi daɗi ba, makinka 2 naka ne ba wanda zai tilasta ka mai da shi 8. In sun nemi ka yi musu bidiyon yabo kyauta a matsayin sharaɗi ni ba zan ba ka shawarar karɓa ba, masu kallonka za su gane, kuma yardarsu ce jarinka.

In har yanzu zuciyarka na gaya maka akwai matsala a naman nan, hanyarta ita ce ƙorafi a rubuce ga hukumar kare masu sayen kaya ko jami'an duba-gari, su suke da ikon shiga kicin su buɗe firiza, kai ba ka da shi. Amma kar a kai ƙorafin ana tsakiyar sulhu ba tare da lauyanka ya sani ba, zai yi kama da ramuwa ta biyu. Yau kwana nawa da kawo takardar ba ka faɗa min ba, ka duba ranar da ke jikinta ka ƙirga, in saura kwana biyu ko uku ne gobe da safe ka kai wa lauya ita da wayar da ka yi bidiyon da ita.