Minsharin da ke yankewa a tsakiyar dare

TAMBAYA: Assalamu alaikum, Likita. Maigidana direban babbar mota ne mai shekara 48, kuma ya daɗe yana minshari. Abin da ya tayar mini da hankali shi ne, yana cikin minsharin sai ya yi tsit kamar numfashinsa ya ɗauke, can kuma sai ya zabura yana jan iska da ƙarfi. Da safe ba ya tuna komai, sai ciwon kai da gyangyaɗi, ga hawan jininsa ya ƙi sauka duk da yana shan magani. Surukata ta ce dannau ne, wasu kuma sun ce a kai shi wurin wanzami a cire masa beli. Ina mafita?
Wata mai karatu daga Zariya

AMSA: Wa alaikumus salam. Malama, shirun nan da kike ji ya fi ƙarar minsharin muhimmanci, domin alamomin da kika lissafa sun yi daidai da lalurar toshewar numfashi a cikin barci. Idan barci ya yi nauyi, tsokokin maƙogwaro sukan saki, harshe da bayan ganɗa su zame baya su rufe hanyar iska, ƙirji yana ta kai-komo amma babu abin da ke shiga huhu. Da zarar iskar oksijin ta ragu a jini, sai ƙwaƙwalwa ta farkar da mutum na ɗan lokacin da bai isa ya tuna ba, ya ja numfashi, ya koma barci, abin ya sake maimaituwa har gari ya waye. Wannan ya bambanta da dannau, inda mutum yake a farke, yana sane, amma ya kasa motsi.

Likitoci suna ƙirga duk tsayawar da ta kai daƙiƙa 10. Idan numfashi ya tsaya ko ya ragu sosai sau 5 zuwa 14 a awa ɗaya, lalurar mai sauƙi ce. 15 zuwa 29 matsakaiciya ce. Daga 30 zuwa sama kuwa ta yi tsanani. Kowace zabura tana ingiza bugun zuciya da hawan jini, shi ya sa ake yawan samun wannan lalura a wajen masu hawan jinin da ya gagari magani, kuma tana ƙara haɗarin shanyewar ɓarin jiki da ciwon zuciya. Ta fi kama maza, da masu ƙiba, musamman masu kaurin wuya.

Maganar wanzami kuwa, ina roƙonki da ku janye ta, domin ba beli kaɗai ke toshe hanyar ba, kuma yanke shi a gida yana iya jawo zubar jini da shigar ƙwayoyin cuta. Haka nan kada ya kuskura ya sha maganin barci ba da izinin likita ba, saboda yana ƙara sakin tsokokin.

Abin da ya dace shi ne ya ga likitan huhu ko na kunne, hanci da maƙogwaro, a yi masa gwajin barci, wanda ke auna numfashi da oksijin tsawon dare. Idan an tabbatar, babban magani shi ne na'urar CPAP, wadda likita Colin Sullivan ya ɓullo da ita a Ostiraliya, aka wallafa sakamakonta a 1981. Tana hura iska a hankali ta tiyo zuwa takunkumin da ke kan hanci, iskar ta riƙe maƙogwaro a buɗe. Kwanakin farko da takura, kuma tana buƙatar wuta duk dare, don haka sai an tanadi batir ko sola. Amma da yawan waɗanda suka jure sukan ga gyangyaɗin ya ragu cikin ɗan lokaci. Ba ta warkarwa, ranar da aka ajiye ta lalurar za ta dawo. Rage ƙiba yana rage tsananinta ƙwarai, haka ma kwanciya ta gefe maimakon rigingine, kuma masu lalura mai sauƙi kan amfana da wata roba da likitan haƙori ke ƙerawa don turo muƙamuƙi gaba.

Sana'arsa ce ta sa ba na son a yi jinkiri: mai gyangyaɗi a kan sitiyarin babbar mota ba ransa kaɗai ya ɗauko ba, don haka ya dakatar da dogayen tafiye-tafiye har likita ya duba shi. Tunda shi ba ya tuna abin da ke faruwa, ki ɗauki sautin barcinsa a waya, da saninsa, ku tafi da shi asibiti tare da magungunan hawan jinin da yake sha.