Amsoshin Tambayoyinku: Aku, Kanari da Fiya-fiya

Wani matashi daga Daura ya ce ko ya gutsura wa akunsa goro don bakinsa ya buɗe? Haba ɗan samari, wa ya faɗa maka haka? Sinadarin da ke hana ka barci a goro shi ke hargitsa bugun zuciyar tsuntsu. Kada ka ba shi. Haka shayi da cakulan.

Wata uwa daga Ƙofar Marusa ta rubuto cewa sun yi feshin sauro da daddare, da safe aka tarar da kanarin ɗanta a mace, yaron ko abinci ya ƙi ci. Wane magani za ta saya idan an sake masa wani? Hajiya, Allah ya mayar da alheri, ki rarrashe shi, ke ma kada ki zargi kanki. Tsuntsu ban da huhu yana da jakunkunan iska a jikinsa, shi ya sa abin da ke sa mu tari shi kashe shi yake yi. Har zuwa 1986 masu haƙar kwal a Ingila da kanari suke shiga rami, domin shi ke fara jin muguwar iska. Gidan sauro za ki saya. In feshi ya zama dole, a fitar da keji tsakar gida, a kwashe abincinsa da ruwansa, kada a dawo da shi sai warin ya fita gaba ɗaya. Turaren wuta, garwashi da hayaƙin janareta su ma a nisanta su da shi.

Amma abin da ke ci min tuwo a ƙwarya shi ne fiya-fiya. Ana ɗura shi a kwalba, babu suna, babu lambar NAFDAC, hukumar kula da ingancin abinci da magunguna, mai talla kansa bai san ƙarfin abin da ya haɗa ba, mu kuma mu saya don araha mu yayyafa a ɗakin da jariri ke kwance! Gubar da ke ciki ta gona ce, irin ta Sniper, wanda tun 2019 hukumar ta hana sayar da shi barkatai a kasuwa. Gyaran ɗari biyu kuke nema, ko lafiyar gidanku?

Mai tantabaru daga Rafindaɗi kuma ya ga dawa mai jan launi da sauƙin kuɗi. Malam, in jan nan rini ne ba launinta na asali ba, iri ne na shuka da aka shafa wa magani, ka bar ta. Ka auni ta ci, ka shanshana, in da wari ko fumfuna ka wuce gaba.