Zan iya cire kuɗina daga kayan aminina ba da saninsa ba?

Tambaya: Malam, ina da amini tun muna makarantar allo. Shekara uku ke nan da na ranta masa naira dubu 800, bai biya ba, bai ƙara tayar da maganar ba, ni kuma nauyinsa nake ji. Muna gaisawa har da raha, amma raina a ɓace yake. Yanzu ya ba ni ajiyar dilar atamfa a shagona da ke Kantin Kwari. Ya halatta in sayar in cire haƙƙina?

Amsa: Bai halatta ba, kuma dalilin yana cikin maganarka, wato ba ka taɓa tuntuɓarsa ba. Biyan bashi wajibi ne, wannan babu saɓani.

Za ka ji masu cewa Imamu Shafi'i ya halatta wa mutum ya ɗauki haƙƙinsa idan dukiyar wanda yake bi ta faɗo hannunsa, suna kafa hujja da izinin da Annabi (SAW) ya ba Hindu 'yar Utba ta ɗebi abin da zai ishe ta da 'ya'yanta daga dukiyar mijinta Abu Sufyan. To amma Hindu ƙara ta kai, kuma ciyar da iyali haƙƙi ne bayyananne wanda ba wanda zai kira mai ɗaukarsa ɓarawo. Masu wannan ra'ayi ma suna magana ne kan wanda ya musanta bashi ko ya ƙi biya, alhali naka bai musanta ba, wataƙila ma karayar jari ce kunya ta hana shi faɗa. Sannan atamfar amana ce, ga kuma hadisin Abu Dawuda da Tirmizi: «Kada ka ha'inci wanda ya ha'ince ka.»

Shirun nan naka ma ba haƙuri ba ne, tunda kana yi masa fara'a kana ƙullace da shi. Gaisuwar da kuke yi ta fitar da kai daga ƙauracewar da aka hana, amma ba ta wanke zuciya ba. Ka same shi shi kaɗai, ba a bakin shago gaban yara ba, kada kuma ka aika ɗan saƙo. Ka'abu ɗan Malik ya nemi bashinsa wurin Ibnu Abi Hadrad a cikin masallaci, Annabi (SAW) bai hana shi nema ba, sai dai ya yi masa ishara ya yafe rabi. Idan abokinka yana cikin ƙunci, jinkirta masa wajibi ne, ku rubuta lokacin biya da shaidu. Dilar kuwa ka mayar masa yadda ya kawo ta.

Allah ne Mafi sani.