Wace kalma za a kira boyayyen ƙarfin ƙasa da ita?

Wata 'yata daga Gadarif ta turo min saƙo doguwa, tace tana rubuta labarin ƙirƙira ne da Hausa, duniyar da babu ita, inda wasu bayin Allah ke yawo gari gari suna neman wani ɓoyayyen ƙarfi da ke gudana a ƙarƙashin ƙasa, su zana inda yake bi sannan su yi aiki da shi. Tace ta sa musu suna masu neman makamashin sihiri amma ita kanta sunan bai kwanta mata ba, wai Baba malam me ya kamata in ce?

Toh 'yata, kunnenki ya fi alƙalaminki gaskiya. Makamashi asalinsa abin da ake hura wuta da shi ne, itace, kara, gawayi, sai 'yan rediyo suka ja shi ya koma fetur da lantarki, don haka duk wanda ya karanta zai ɗauka mutanen naki ma'aikatan kamfanin mai ne. Kuzari kuma na jiki ne, na wanda ya sha jabana, gahawar Sudan, da safe. Kinga inda matsalar take, a tunanin Bahaushe ba a samun ƙarfi yana yawo haka kawai ba mai shi. In tsamiya ko kuka ko tsohuwar rijiya tana da kwarjini to cewa ake akwai mutanen ɓoye a wurin, ko iskoki, in na alheri ne ace albarkar wani waliyyi ce ko karamarsa, kullum akwai wanda za a yi wa sallama. Ko nan Sudan ai haka ne, zar ɗin da ake yi, wato wasan hawan iskoki, kashi ɗaya sunansa zar bori ɗayan tumbura, kuma duk aljanin da ya hau mutum yana da suna da irin tufafin da yake so da turaren da ake masa.

Saboda haka ni da nine ke rubutun wajen masu haƙar rijiya zan je aron kalma. Suna cewa an kai ido, wato idon rijiya, inda ruwa ke ɓuɓɓugowa. Ki ce idon ƙasa, hanyoyin da ke haɗa ido da ido kuma ki ce jijiyoyin ƙasa, ba wanda zai tsaya tambayarki fassara. Shi kansa abin da ke gudana a ciki ki bar shi asiri, kalmar daga sirr na Larabci take kuma fuska biyu gare ta, abin ɓoye da kuma magani, shi yasa muke cewa Allah ya rufa asiri kuma muce an yi masa asiri, duk kalma ɗaya.

Su matafiyan fa? A littafan sufaye wannan yawo sunansa siyaha, amma kada ki kuskura ki sa, don yaron Gadarif ko Madani in ya ji siyaha yawon buɗe ido zai gane. Haka halwa, mu a Hausa shiga halwa keɓewa ne a ɗaki ana wuridi, nan kuwa halwa makarantar allo ce, na sha ganin baƙo daga Kano ya rikice in an ce masa yara sun tafi halwa. Kalmar da tafi dacewa ita ce gardi, jam'i gardawa, ƙaton almajiri da ya ɗauki allo da buzu ya nufi gabas neman karatu, kuma dama ana kiran masu wasa da kura da maciji gardawa, ya'ani kalmar tazo da ƙamshin asiri tun daga gida. Ga matakai ma kyauta a tsangaya, kolo, titibiri, gardi, har alaramma da gwani da gangaran, ki rabawa mutanen labarinki. Mu da kakanninmu suka taso bayan yaƙin Burmi a 1903 suka tako da ƙafa har bakin Nilu aka kafa garin Mai Wurno, ba sai an koya mana siffar matafiyi mai allo ba.

Zanen nasu kuma kada kice taswira, ko harita yadda muke cewa nan, na ɗan makaranta ne. Akwai bugun ƙasa, wanda Larabawa ke kira ramli, gidaje 16, kowane gida layi huɗu, kowane layi ɗigo ɗaya ko biyu, huɗun farko ana ce musu uwaye. Akwai kuma hatimi, wanda yafi shahara mai gida tara ne, duk ta inda kika haɗa lissafin 15 zai baki, kusurwoyinsa 2, 4, 6, 8, a haruffan abjadi, inda kowane harafin Larabci ke da lambarsa, ba, dal, waw, ha, in an haɗa buduh. Ki sa gardawanki su zana hatimin ƙasar, kowane gida da idonsa. A labari dai nace, malamai sun hana duba, kar wani ya je yace malam ya koyar da bugun ƙasa a Facebook.

Sai wani ɗana daga Kasala da ke tambayar ko karin maganar nan tsafi gaskiyar mai shi tana nufin Hausawa sun yarda da tsafi. A'a ɗana, ka lura da mai shi ɗin nan, gaskiyar a wurinsa ta tsaya bata ƙetaro wurinka ba, ana faɗinta ne in an ga mutum ya kafe kan abin da ya yi imani da shi kuma ba ka son jayayya. In kana jin tsoron kalmar tsafi a bakinka kace kowa da kiwon da ya karɓe shi, wuri ɗaya suke zuwa.