Filin Tambaya da Amsa: Wai malamai ne suka kashe silima a Maraɗi?

TAMBAYA: Salamu alaikum Baba mai wannan fili, ina gaisuwa, da fatan an tashi lahiya. Ni ɗan kabu-kabu ne nan Maraɗi unguwar Zariya, shekarata 23. Rannan na ɗauko wani dattijo muka bi ta gaban wani gini mai doguwar katanga, ni dai tun tasowata mangaza na san shi ana sauke buhuna, sai ya dafa kafaɗata ya ce in rage wuta, wai nan ne silimar da suke shiga suna samari. Da na kai zancen fada sai gardama ta kaure har shayi ya huce, wasu na cewa malamai suka sa aka rufe, wasu na cewa a'a bidiyo ce. To Baba mi ne ne gaskiya? Kuma yaya cikin wurin yake, don ni walle ban taɓa kallon fim a abin da ya fi tele girma ba.

AMSA: Wa alaikumus salam ɗana, Allah ya tsare hanya. Ka sosa min inda ke ƙaiƙayi. Sunan gidan ba zan kama ba, masu shi da 'ya'yansu suna nan cikin gari, amma cikinsa kam zan iya zana maka shi ido rufe.

Farko dai ka cire rufi daga tunaninka. Silimar garuruwanmu fili ce, katanga huɗu dogaye don kar na waje ya yi kallon banza, sama kuwa taurari, sai ɗan rufin kwano can baya wajen masu kujera. Shi ya sa ba a farawa sai duhu ya yi, kuma da damina in hadari ya taso kowa ya san kuɗinsa na cikin haɗari. Gaba benci ne, nan ne mafi araha kuma nan ne mu 'yan daloli muke zama wuya a sama har ya ƙage, baya kuwa na ma'aikata ne da 'yan kasuwa masu ƙamshin turare. Bakin ƙofa masu tsire da gyaɗa da rake da taba kowa da fitilarsa, ga allon da ake liƙa hoton fim ɗin dare, tun la'asar yara sun kewaye shi suna musu kan wa zai mutu. Ni akwai daren da ban da ko dala, na hau bedin bayan katanga mu kusan shida a reshe guda, rabin allon kawai nake gani, in jarumi ya koma hagu sai dai in ji ihu in tambayi na sama da ni mi ya faru.

Shi fim ɗin kansa ba kaset ba ne, zare ne mai faɗin milimita 35 naɗe a faifai, faifai ɗaya kamar minti 20 yake ci, to ka lissafa na Indiya mai awa uku faifai nawa ke nan. Inji biyu ake ajiyewa cikin ɗan ɗaki can sama baya, wannan na ƙarewa mai aiki ya tada wancan, haskensa kuma wasu sanduna ne na gawayi ke ci da wuta a ciki, in ya yi gyangyaɗi suka yi nisa da juna sai hoto ya dusashe. Zaren kuwa kafin ya iso mu ya sha yawo ya gaji, ana tsakiyar faɗa sai ya tsinke allo ya yi fari fat, nan fa fito da zagi za su tashi, a ambaci uwar mai inji da kakarsa, shi ko yana can yana liƙi. In ya yanke wurin da ya lalace ya haɗa, sai ka ga mutumin da ake bi da gudu ga shi zaune yana cin abinci, ba wanda ya damu. Indiya da karate da kaboyi su ne abincinmu, ba ma jin Indiyanci amma mun san marayan da mugun kawu ya cinye wa gado, mun san auren dole, labarin gidajenmu ne sai dai su suna rera shi.

To mu zo ga gardamarku. 'Yan fadarku da suka ce malamai ba su yi ƙarya gaba ɗaya ba, silima tun asali ba ta da suna mai kyau a ƙasar Hausa. A Kano gidan Rex an buɗe shi a 1937 wajen ganuwa ne, da aka zo gina Palace cikin birni sai da aka sha rigima. A 1951 kuma gidan El Duniya ya kama wuta mutum 331 suka rasu, mutane da yawa suka ce ishara ce, alhali zaren fim na wancan zamani da kansa kamar fetur yake wajen kama wuta. Nan Maraɗi ma ɗan gidan mutunci ɓoyewa yake in zai je, kuma da wa'azi ya yi ƙarfi a garin samari da dama sun daina da kansu. A ƙarshen shekarar 2000 gwamnatin Kano ta dakatar da gidajen silima bayan kafa shari'a, a watan Nuwamban shekarar kuma nan Maraɗi aka yi tarzoma kan bikin nuna tufafi na FIMA aka afka wa mashaya. Duk an yi. Amma Nijar ba ta kafa shari'a a gwamnatance ba, kuma lokacin da ake wannan hayaniya silima ta riga ta kwanta ciwo. In malamai ne, wa ya rufe na Yamai? Wa ya rufe na Kamaru, inda gidaje ukun ƙarshe na ƙasar baki ɗaya, a Yawunde da Duwala da Bafusam, suka rufe a farkon 2009?

Abin da mutane ba sa dubawa shi ne mai gidan silima katanga da benci kawai ya mallaka, fim ɗin haya yake ɗaukowa. Tun zamanin Nasara kamfanoni biyu na Faransawa, COMACICO da SECMA, su suka daɗe suna riƙe da rabon fina-finai a ƙasashen renon Faransa, abin da suka turo shi za ka nuna. Shi ya sa ma Umaru Ganda namu mai shirya fim ya ciyo babbar kyautar FESPACO, bikin fina-finan Afirka, a Wagadugu a 1972, shi ne ma na farko da ya ɗauke ta, amma a allon garinmu Indiya da kaboyi suka fi shi samun dare. Ƙasashenmu sun yi yunƙurin kafa nasu kamfanin rabo, CIDC, ɗan Nijar Inusa Useini ya shugabance shi, bai yi shekara goma yana aiki ba ya durƙushe don kuɗin da ya kamata su koma masa ba sa komawa. Sai ga Janairun 1994 aka karya darajar sefa, faran ɗaya na Faransa da ke sefa 50 ya koma 100. Hayar fim da kayan gyaran inji duk daga waje suke, dare ɗaya suka ninka, shi kuwa mai shiga benci aljihunsa bai ninka ba, in ka ƙara masa kuɗin tike sai ya zauna gida.

Kuma ga inda zai je. Kaset ya riga ya shigo, mu da muke bakin iyaka ma mun fi kowa saurin samu, daga Kano zuwa Katsina, Jibiya, Ɗan Isa, sai ga shi cikin kasuwa. Kowane lungu wani ya kewaye zana ya aje tele da bidiyo da ɗan gurup, kuɗin shiga bai kai na silima ba, ba sai ka taka zuwa tsakiyar gari ba, kuma da rana ma ana yi. Daga 1990 da aka yi Turmin Danya a Kano fim ɗin bidiyo na Hausa ya fara yaɗuwa, shi kuwa wannan kai tsaye cikin ɗaki ya shiga wurin matan aure da ba su taɓa taka ƙofar silima ba. Daga nan faifan CD, daga nan salula. Mai fili babba a tsakiyar garin 'yan kasuwa irin Maraɗi ya duba benci ba kowa, ya duba kuɗin da hayar mangaza za ta ba shi duk wata ba tare da wani ya zagi uwarsa ba, kai da kanka ɗana wanne za ka ɗauka? Ni ban ga laifinsu ba, haushina ɗaya ko hoto ba a ajiye ba.

Ihun nan na mutum ɗari-ɗari a lokaci guda kuwa bai mutu ba, ya koma gidan kallon bal, ka je ranar da Barsa da Madrid za su haɗu ka rufe ido, to kusan haka ne.

TAMBAYA: Baba ni ɗaliba ce daga Sabon Gari, kakata ta ce mata ba sa zuwa silima, da gaske ne?

AMSA: Kakarki ta yi gaskiya 'yata, amma ba doka ba ce, bakin mutane ne. Macen da aka gani a ƙofar silima an gama yi mata suna, don haka waɗanda ke shiga ko dai matan ma'aikata baƙi ne tare da mazansu can baya, ko kuma waɗanda maganar mutane ta daina damunsu. Sai dai ki sake tambayarta waƙoƙin Indiya nawa ta iya, za ki sha mamaki, yayyenta maza ne ke dawowa da su gida tana daka tana kwashewa.

Kai kuma ɗan kabu-kabu, in ka sake bi ta wurin kuma mai gadi ya bar ka ka leƙa, ɗaga kai ka duba bangon baya can sama. In ba a toshe ba za ka ga 'yan tagogi ƙanana jere da juna, ko kai ba zai shiga ba, ta nan hasken ke fitowa.