Ga mai tambayar saka homebrew a PS3 Super Slim

Ɗan'uwa, ka ce ka sayi Super Slim an riga an cire mata kullen Sony, kana so ka saka mata homebrew (manhajojin da ba na Sony ba) da kanka, wani kuma ya ce ka fara ɗora CFW, wato firmware (manhajar da ke tafiyar da na'ura) da aka sauya. Kar ka kuskura. Na san zafin abin nan, shi ya sa na kasa wucewa.

Juya ta ka karanta lambar da ke manne a jikinta. CECH-40 zuwa 43 (Super Slim irin taka), da Slim CECH-30, HEN kawai suke ɗauka, wato manhajar da ke buɗe na'ura na ɗan lokaci har a kashe ta. CFW ta manyan nan ce na farko, da Slim 20 da 21, sai wasu 25 in MinVerChk (fayil mai nuna firmware mafi ƙasa da na'ura ke ɗauka) ya nuna 3.56 ko ƙasa. In aka taɓa flash (ma'ajiyar cikin na'ura da take tashi da ita) ɗin irin taka don ɗora CFW, ta tafi. Ka kunna, tele baƙi ƙirin. Ka canza wayar HDMI, ka aro telen maƙwabta, ka danne maɓalli kana jiran ƙara biyu na safe mode (menu na gyara), shiru kake ji. Abin haushi, wasu masu gyara ko lambar ba su dubawa, ba su ajiye kwafin flash kafin su fara, in ta mutu su ce ai da ciwonta ka kawo ta. Ga jikkunanka sun tafi, ga na'ura ta zama ta tallafe ƙofa. Allah ya isa dai.

Kile ɗinka na USB a yi masa format ya zama FAT32, tsarin MBR, don Package Manager (wurin saka manhaja a menu) ba ya ganin NTFS ko exFAT. Fayil ɗin homebrew, wato .pkg, ka ajiye shi a fili cikin kile, ba cikin wata jaka ba. Duk lokacin da ka kunna na'ura sai ka danna Enable HEN tukuna, sannan Package Manager, Install Package Files, Standard. In ka buɗe abu ya ba ka lambar kuskure 80010017, galibi HEN ɗin ne ba ka tayar ba. Ɗaya-ɗaya za ka saka, ka gwada, don in ta fara daskarewa ka san mai laifi. FAT32 ba ya ɗaukar fayil da ya wuce 4GB. Nan manhajar IRISMAN ke amfani, shi yana karanta NTFS.

Duk abin da ke rubutu cikin dev_flash ko dev_blind (inda fayilolin firmware suke), ko mai maida CEX (na'urar kasuwa) zuwa DEX (ta masu ƙera wasanni), ko manhajar CCAPI, ba naka ba ne. Fayilolin da ake turowa ta WhatsApp kuwa, wa ya san hannu nawa suka bi? Je shafin wanda ya ƙera abin.

Sai kuran, wato wutar lantarki. In ya ɗauke kana saka pkg, goge ka sake. In ya ɗauke ana tsakiyar saka PS3UPDAT.PUP (fayil ɗin firmware), wannan na iya kashe ta, don haka ba onduler (batirin da ke riƙe wuta in ta ɗauke), ba taɓa firmware, musamman Afrilu da Mayu da wutar Yamai ke wasan ɓuya. Ka duba MD5, lambar da ke tabbatar fayil bai lalace ba, kafin nan. Sabuntawar Sony ma ka ƙi ta, tana share HEN sai ka sake saka HFW, firmware ɗin da HEN ke hawa kansa. PSN (sabis ɗin intanet na Sony) kuma suna iya toshe ka.

Saka manhajar webMAN MOD da wuri. SELECT da START zai nuna maka zafi. Ka ƙara gudun fanka zafin ya tsaya ƙasa da digiri 70, ka ɗaga ta daga kan tabarma, ka riƙa hure mata ƙurar hunturu.

Af, ka nemi manet na asali ko da aro ne, da wayarsa ta USB. Jabun nan na kasuwa da yawansu safe mode ba ya jin su.