Ku Tambaya Mu Amsa: Takardar Cikin Bangon Littafi

Tambaya: Assalamu alaikum. Na kai furojet ɗina bayindin, ko wata biyu bai yi ba bangon ya fara rabuwa daga ciki, wannan farar takardar da ke manne da kwalin ce ta yage. Dan Allah meye ma amfaninta, ba kwalliya ba ce kawai? Daga wata ɗaliba, Unguwar Rogo, Jos.

Amsa: Wa alaikumus salam ƙanwata. Wallahi ba kwalliya ba ce, ita ce ma take riƙe da littafin. Takarda ɗaya ce ake ninkewa biyu, rabi a manna shi jikin kwalin daga ciki, rabi a bar shi yana buɗuwa kamar sauran shafuka, to duk sanda kika buɗe littafin wannan ninkin ne ke ɗaukar wahalar, kamar dai hinjin ƙofa. Sannan tana rufe bakin ledar ko yadin bangon da aka naɗo ciki, tana kuma hana gam taɓa shafin farko.

Inda matsalar take shi ne wasu masu bayindin A4 ɗin fotokofi suke sawa, mai giram 70 ko 80, alhali aikin na son mai kauri, giram 120 zuwa 150, kuma mutum ya biya kuɗinsa, gaskiya abin na damuna. Akwai kuma abin da ba kowa ke kula da shi ba, ita takarda akwai ɓangaren da ta fi saurin lanƙwasuwa, gwada ki gani, to dole layin lanƙwasawar ya bi tsayin littafin daga sama zuwa ƙasa, in aka yanka ta a gicciye da ta sha gam sai ta yi tamoji-tamoji, in hunturun Jos ya shigo ta bushe sai ta ja kwalin ya kantare.

Maganar gam kuma farin gam ake so ko kokon sitaci, ban da irin na masu gyaran takalmi, shi yana sa takarda ta yi ruwan ƙasa.

A manyan littattafai za ki ga an sa takarda mai zanen ruwa kala-kala, Turkawa na ce masa ebru, UNESCO ta sa shi cikin al'adun gado na duniya a 2014. Naki dai baya buƙatar wannan, ki koma wurin mai bayindin ki ce ya canja miki da mai kauri, ya ƙara siririn ƙyalle a ninkin, ya danne shi da abu mai nauyi ya kwana kafin ki karɓa.